Su Wa Suka Gina Dalar Khufu? Abin da Kufai da Takardun Merer Suka Nuna

A shekarar 2013 wata tawagar masu tonon kayan tarihi ƙarƙashin jagorancin Bafaranshe Pierre Tallet tana aiki a Wadi al-Jarf, wani kufai da ke gaɓar Bahar Maliya a ƙasar Masar, sai ta ci karo da guntayen takardu cushe a tsakanin duwatsun da aka toshe bakin wasu ramuka da su. Ramukan an fafe su ne a jikin dutse don adana jiragen ruwa da aka kwance katakonsu. Takardun na fafirus ne, wanda Masarawan dā ke yi da wata ciyawar bakin kogi, kuma da aka auna aka ga babu takarda mai rubutu da aka taɓa samu a Masar da ta kai su tsufa: shekarunsu sun kai kimanin 4,500. A cikinsu akwai littafin aikin yau da kullum na wani ƙaramin shugaban ma'aikata mai suna Merer, wanda ke da mutane kusan 40 a ƙarƙashinsa, a ƙarshen mulkin Sarki Khufu.

Abin da Merer ya rubuta ba shi da ado ko kaɗan. Yau mun wuni muna lodin dutse a Tura, a nan muka kwana. Kashegari muka kwance jirgi ɗauke da dutse, muka kwana a tafkin Khufu. Washegari muka isa Akhet-Khufu muka sauke, da safe muka juyo. Akhet-Khufu shi ne sunan da su kansu suke kiran babbar dalar Giza, Tura kuwa ma'adana ce ta farin dutse mai kyau a ɗaya ƙetaren Kogin Nilu, wanda da shi aka lulluɓe jikin dalar har tana ƙyalli. Cikin kowane kwana goma sukan yi sawu biyu ko uku. Merer ya kuma ambaci mai kula da aikin daga sama, Ankhhaf, ɗan'uwan sarki. Ke nan mun samu mutumin da ya sa hannunsa a aikin, yana faɗin inda ya kwana da abin da ya ɗauko da wanda ke ba shi umarni.

Kafin wannan, labarin da ya fi yawo a duniya daga bakin Hirodotus ya fito, marubucin Girka da ya ziyarci Masar wajen shekara ta 450 kafin Miladiyya. Ya ce Khufu azzalumi ne da ya rufe wuraren bauta ya tilasta wa jama'a aiki, mutum 100,000 a kowane zubi na wata uku, shekara goma ana gina hanyar jan dutse, shekara ashirin ana gina dalar. Sai dai tsakanin Khufu da Hirodotus akwai shekaru fiye da 2,000, kuma abin da masu yi masa jagora suka gaya masa ya rubuta. Daga baya finafinan Amurka suka ɗora nasu: dubban bayi tsirara cikin rana, ana tsula musu bulala. Da yawa kuma suka haɗa wannan hoto da ƙissar Bani Isra'ila, suka ɗauka su ne suka gina dalolin Giza. Zaluncin da Fir'auna ya yi wa Bani Isra'ila sananne ne a Alƙur'ani da Attaura, amma babu inda ɗayansu ya ce aikin da aka sa su shi ne ginin dalolin Giza. Masana tarihin da ke ƙoƙarin sanya wa zamanin Annabi Musa (AS) lokaci, galibinsu suna kai shi zamanin sarakuna irin su Ramsis na Biyu, fiye da shekaru 1,200 bayan Khufu. A lokacin, dalolin Giza sun riga sun zama tsofaffin gine-ginen da Masarawa kansu ke zuwa kallo.

Girman aikin shi ke sa mutum ya yarda da labarin bayi ba tare da tambaya ba. Tsayin dalar a farko ya kai mita 146, kowane gefe na gindinta mita 230, an kuma ƙiyasta duwatsunta sun kai miliyan 2.3. In aka raba su a kan shekaru ashirin, ana aikin awa goma a rana, zai zama kusan kowane minti biyu sai an ɗora dutse ɗaya. Amma yawancin duwatsun nan ba daga nesa suka zo ba. A kudu da dalar, tafiyar 'yan mintuna, aka fasa su, kuma ramin ma'adanar yana nan har yau. Wanda aka ɗauko daga nesa shi ne farin dutsen Tura da kuma dutsen giranit mai launin ja na Aswan, mai nisan kilomita kusan 800, wanda aka yi ɗakin sarki da shi, wasu sandunansa nauyinsu ya haura tan 50. Ruwa ne ya ɗauki nauyin nan. Binciken da aka wallafa a 2022, wanda ya duba ƙwayoyin furen tsirrai a laka da aka haƙo daga ƙarƙashin filin Giza, ya nuna akwai wani reshe na Nilu da ke kusantar wurin a zamanin Khufu, ya kuma ƙafe daga baya. Wannan ya dace da tafki da mashigar jirage da Merer ya yi ta ambata.

A kan tudu kuwa a kan katako ake ɗora dutse a ja shi. Akwai wani zane a kabarin wani hakimi mai suna Djehutihotep, wanda ya rayu ƙarnuka bayan Khufu, da ke nuna layuka huɗu na maza suna jan wani ƙaton gunki a kan katakon ja, mutum ɗaya yana tsaye a gaba yana kwarara ruwa a ƙasa. An daɗe ana ɗaukar zuba ruwan a matsayin wata al'adar tsafi, har zuwa 2014 da masana kimiyya a Jami'ar Amsterdam suka gwada suka ga yashi mai ɗan danshi yana rage ƙarfin da ake bukata wajen ja da kusan rabi. A 2018 kuma, a ma'adanar Hatnub, aka tono wani gangaren jan dutse na zamanin Khufu mai matakala a gefe biyu da ramukan kafa turaku na ɗaura igiya. Masu cewa sai dai wasu halittu daga sararin sama suka gina dalar ba su taɓa zama sun duba waɗannan abubuwa ba, kuma maganarsu tana da ɗaci, domin ƙarshenta ƙwace wa mutanen wannan yanki na Afirka aikin da suka yi da guminsu ne. Masarawa ba a dare ɗaya suka iya ba. Daga dala mai hawa-hawa ta Sarki Djoser a Saƙƙara, zuwa ta Meidum, zuwa ta Dahshur wadda mahaifin Khufu, Sneferu, ya fara da miƙewa sosai sannan aka rage kusurwarta a tsakiyar aiki har ta fito a lanƙwashe, ana ganin yadda magina ke gwadawa suna gyarawa tsara bayan tsara.

To ina mutanen suka zauna? Wannan tambaya ce ta kai Ba'amurke Mark Lehner kudu da wata ƙatuwar katangar dutse da mutanen yankin ke kira Heit el-Ghurab, mai tsawon mita 200. Tun ƙarshen shekarun 1980 shi da tawagarsa suke yaye yashi a wurin, har gari guda ya bayyana. A 1991 suka samu gidajen gasa gurasa, da manyan tukwane masu kama da ƙararrawa waɗanda ake zuba ƙullu a ciki a binne cikin garwashi. Suka samu rumbunan hatsi, da dubban guntayen laka masu tambarin hatimin ma'aikatan sarki, irin waɗanda ake liƙawa a bakin buhu ko tulu ko ƙofar sito. Suka samu dogayen ɗakuna jere a kan tituna miƙaƙƙu, kowanne zai kwanar da mutum kusan 40. Ya kamata a faɗa cewa abin da aka tono na garin galibi na zamanin Khafre da Menkaure ne, magadan Khufu da suka gina dala ta biyu da ta uku, amma tsarin aikin ɗaya ne.

Abin da ya fi ba da labari a wurin shi ne juji. Masanin ƙasusuwan dabbobi Richard Redding ya shafe shekaru yana tantance ƙashin da aka zubar, ya ga na shanu da tumaki da awaki ne jingim, kuma shanun yawancinsu ƙananan bijimai ne da ba su kai shekara biyu ba. Wanda ya san kiwo ya san ma'anar wannan: ba garken da ke zaune a wurin ake ci ba, zaɓo maza ake yi daga garke mai nisa a turo, a bar mata suna haihuwa. Ya ƙiyasta cewa ciyar da ma'aikata 10,000 zai ci shanu kusan 11 da tumaki ko awaki 37 a kowace rana. Sannan ƙashin bai bazu daidai ba. Gidajen manyan jami'ai sun fi samun naman sa, dogayen ɗakunan sun fi samun na tumaki da awaki, wata unguwa kuma a gabashin garin, mai lunguna karkatattu irin na ƙauye, ta fi yawan ƙashin alade, dabbar da mutane ke kiwo da kansu ba daga rabon gwamnati ba. Daga shara kaɗai an gane wa ke ci daga hannun sarki, wa ke ci da kansa, wa ke sama da wa.

A 1990 kuma, a kan tudun da ke bayan garin, dokin wani mai yawon buɗe ido ya yi tuntuɓe da wata katangar tubali, aka tona aka samu maƙabartar ma'aikata, wadda Zahi Hawass, masanin kayan tarihi ɗan Masar, ya jagoranci bincikenta. A ƙasa akwai ƙananan kaburbura na tubalin laka, an kwantar da mamatan a naɗe, kai a arewa fuska na duban gabas, ba a yi musu irin shafe-shafe da naɗin da ake yi wa manya ba, amma an ajiye musu tuluna na gurasa da giya. A sama akwai kaburburan shugabannin aiki, na dutse, da muƙamansu a rubuce, irin su mai kula da gefen dala. Wani mai suna Petety ya sa an rubuta gargaɗi a bakin nasa, cewa duk wanda ya shiga ya yi ɓarna, dorina da kada su same shi a ruwa, maciji da kunama su same shi a tudu. Ƙasusuwan suna nuna wahala ƙarara: gadon baya da gwiwoyi sun ci jiki da ɗaukar nauyi, da yawa ba su wuce shekaru talatin da 'yan kai ba. Amma suna nuna kulawa ma, domin akwai karayar hannu da ƙafa da aka ɗora ta warke daidai, akwai kuma waɗanda aka yanke wa gaɓa suka rayu shekaru bayan haka.

Ma'aikatan ma sun bar sunayen ƙungiyoyinsu. A 1837 Baturen Ingila Howard Vyse ya fasa hanya da albarushi zuwa wasu ƙananan ɗakuna da ke saman ɗakin sarki, waɗanda ba a yi su don kowa ya shiga ba, ya tarar da rubutu da jan fenti a jikin duwatsun. Sunayen ƙungiyoyin aiki ne, irin su Abokan Khufu. A ginin Menkaure an samu wata ƙungiya mai suna Mashayan Menkaure. Kowace babbar ƙungiya an kasa ta biyar, kowane kashi an sake kasa shi ƙananan rukunoni masu shugabansu. Daga irin wannan tsari da girman garin ne masana irin su Lehner da Hawass suka sauko da adadin ma'aikata daga 100,000 na Hirodotus zuwa tsakanin 20,000 da 25,000, wasu ma suna ganin bai kai haka ba. Gani ya kori ji.

Daga nan ne wani sabon labari ya fara yawo, musamman a bakin masu tallata yawon buɗe ido: ba bayi ba ne, 'yan ƙasa ne masu kishi da suka zo da kansu don son sarkinsu, suna cin nama suna alfahari. A ganina wannan ma ya zarce abin da shaida ta nuna, kuma yana zaluntar mutanen ta wata fuskar. Gaskiya ne ba bayin da ake saye da sayarwa a kasuwa ba ne suka gina dalar. Amma a Masar ta wancan lokaci babu kuɗin tsaba, haraji hatsi ne da dabbobi da kuma jikin mutum. Kowane ƙauye yana da adadin mazan da zai bayar idan aikin sarki ya taso, ko ginin dala, ko haƙa magudanar ruwa, ko tafiya Sina'i haƙo jan ƙarfe. Akwai kamar aikin gayya a cikinsa, tunda dangi da 'yan gari ɗaya ne ke tafiya tare ƙarƙashin shugabansu, ana ciyar da su. Bambancin shi ne wanda aka kira gayya yana iya ba da uzuri ya zauna gida, wanda aka kira aikin sarki ba shi da wannan dama.

Shaidar hakan tana cikin takardun sarakunan kansu. Sarki Pepi na Ɗaya, a daula ta shida, ya fitar da doka a Dahshur yana keɓe mazauna garuruwan da ke hidimar dalolin Sneferu daga duk wani aikin gidan sarki. Abin da ake ba mutum kyautar kuɓuta daga gare shi, ba abin da kowa ke rububin shiga ba ne. Wata takarda da ke ajiye a gidan tarihi na Brooklyn, ta fiye da shekaru 700 bayan Khufu, ta lissafa mutane sama da 70 da suka gudu daga aikin gwamnati, ana kuma riƙe iyalan wanda ya gudu har sai an kamo shi. Sannan dutsen tarihin sarakuna da ake kira Dutsen Palermo ya rubuta cewa Sneferu ya kai yaƙi ƙasar Nubiya ya dawo da kamammu 7,000 da dabbobi 200,000. Ko da an yi ƙari a adadin kamar yadda sarakuna suka saba, mutanen nan ba hutu aka kawo su yi ba. Don haka wanda ya ce babu tilas a ginin dala bai karanta takardun duka ba.

Sai dai tilas kaɗai ba ta isa ta bayyana abin ba, kuma a nan ne aƙidar Masarawa ta shigo. A wurinsu sarki shi ne Horus, ɗaya daga cikin abubuwan bautarsu, a doron ƙasa, kuma shi ke riƙe da ma'at, wato daidaiton da ke sa rana ta fito, Nilu ya cika a kan lokaci, gaskiya ta rinjayi ƙarya. Mutuwarsa haɗari ce ga duniya gaba ɗaya, sai an tabbatar ya haye lafiya ya haɗu da Ra, abin bautarsu na rana, da taurarin arewa da ba sa faɗuwa. Rubuce-rubucen da aka fara sassaƙawa a cikin dalar Sarki Unas, kimanin shekaru 200 bayan Khufu, cike suke da addu'o'in hawan sarki sama. Shi ya sa aka daidaita gefunan dalar Khufu da arewa da kudu da gabas da yamma, da kuskuren da bai kai kashi ɗaya cikin goma na digiri ba. A 1954 Kamal el-Mallakh ya gano wani rami a gindin dalar, a ciki akwai jirgin ruwa na katakon al'ul na Labanon, a kwance gunduwa 1,224, wanda da aka harhaɗa tsawonsa ya kai mita 43; a 2021 aka mayar da shi sabon babban gidan tarihi da ke kusa da Giza.

Kuma wannan aƙida ta shafi talaka kai tsaye. Sun yi imani cewa mutum yana da ka, wani ɓangare na rayuwarsa da ke ci gaba da bukatar ci da sha bayan mutuwa. Addu'ar da ake rubutawa a kaburbura tana farawa ne da cewa wannan baiko ne da sarki ya bayar, wato ko abincin lahira ta hannun sarki yake biyowa. Manyan fada, irin su Hemiunu wanda ake kyautata zaton shi ya tsara ginin, an jera kaburburansu layi-layi a gindin dalar. Shugaban magina da ya samu wuri a kan tudun da ke kallon dalar, da tulun giyarsa da gurasarsa, a lissafinsa ya samu rabo babba. Mutum yana iya zuwa aiki don ba shi da zaɓi, kuma a lokaci guda ya yarda har zuciyarsa cewa aikin yana riƙe da duniya. Biyun ba sa karo, kuma na fi yarda cewa haka akasarinsu suka rayu.

Abin da ya fi ba ni mamaki a duk wannan bincike ba nauyin dutse ba ne, lissafi ne. Kafin dutse ɗaya ya hau dala, sai an ƙirga shanun ƙasa, har da ƙidayar shanun ake lissafa shekarun mulki, kamar yadda takardun Wadi al-Jarf suka nuna shekarar da ta biyo bayan ƙidaya ta 13. Sai an kafa gandaye a faɗin ƙasa. A wurin bautar da ke gindin dalar Sneferu a Dahshur, wanda Ahmed Fakhry ya tono a shekarun 1950, an zana gandayen a siffar mata ɗauke da kayan abinci, kowace da sunanta da lardinta. Sai an aika jirage Sina'i su kawo jan ƙarfen da za a ƙera kurfi, tunda ba su da baƙin ƙarfe, kuma jan ƙarfe yana dakushewa da wuri. Sai an san watan da ruwa zai cika har jirgin Merer ya iya kaiwa gindin tudu. Takardun da aka samu tare da littafinsa sun haɗa da jadawalin rabon abinci, da jan tawada da baƙa, ana rubuta abin da ya kamata a kawo, da abin da aka kawo, da abin da ya rage. Ginin dala ya tilasta wa Masar ta zama ƙasa mai magatakarda da sito da hanyoyin ruwa, kuma wannan tsari ya ci gaba da aiki bayan an daina gina manyan daloli.

Muhawarar da ta rage tsakanin masana ita ce ta masu jan dutsen kansu. Maƙabartar da Hawass ya tono ta fi kama da ta ƙwararru da shugabannin aiki masu zama a Giza shekara da shekaru. Dogayen ɗakunan da aka fara ɗauka na leburori ne, Lehner ya dawo yana ganin wataƙila na ma'aikatan jirage ne da dakarun sarki, saboda an samu gawayin itatuwan Labanon da guntayen tulunan ƙasar Sham a wurin, abin da ke nuna garin tashar jirage ne ma. Idan haka ne, manoman da ake kawowa na 'yan watanni sun kwana ne a bukkoki kusa da ma'adana, suka koma ƙauyukansu, a can aka binne su. Shi ya sa masu bincike ke ba da muhimmanci ga kufan ƙauyukan wancan zamani a yankin da Nilu ke rarrabuwa kafin ya faɗa teku, irin su Kom el-Hisn, inda aka samu alamar kiwon shanu mai yawa amma ƙashin shanu kaɗan, domin ana kiwata su ne a tura wa cibiyoyin sarki.